Awon Ilham

Ni tela ce. Duk wanda ya san ni a unguwarmu, nan bayan garin Lafiya, zai gaya maka abu biyu: ɗinkin Sailuba ba ya karkacewa, bakinta kuma ba ya shiru. Tef ɗin awo kullum yana rataye a wuyana. Da shi nake shiga kicin, wani lokaci sai na zo alwala nake tunawa da shi. Da shi nake auna amare, da shi nake auna 'yan makaranta, in kuma aka yi rasuwar mace ko yaro a layinmu, ni ake kira in auna in yanka likkafani. Yana wuyana ranar da 'yata Ilham ta fara jijjiga.

Shekararta bakwai a lokacin, amma in ka gan ta sai ka rantse ba ta kai biyar ba. Sikila ce. Ƙafafu sirara kamar kara, ciki kuwa a kumbure, fuska ma takan kumbura in ciwo ya tashi. Zazzaɓi ya kama ta tun shekaranjiya, na ce da safe za mu shiga gari babban asibiti. Kafin gari ya waye ruwa ya tsuge kamar da bakin ƙwarya. Babanta, Muntaka, ya riga ya fita kasuwar Agyaragu sayen doya tun ana yayyafi. Na ce to, bari ya ɗan tsagaita.

Ina kan keken ɗinki ina haɗa hannun wata riga, sai na ji kofi ya faɗi. Na waiga. Ilham tana kan tabarma, idanu sun juye sai fari, haƙora a datse, hannu da ƙafa suna fizga. Innalillahi! Ban san lokacin da na sure ta ba. Na fito tsakar gida ina ihu, ruwa na dukanmu.

Wanda ya fara fitowa shi ne mutumin da ba na so ya fito. Malam Terfa, maƙwabcinmu a gidan haya, Tibi ne, malamin kimiyya a wata sakandare. Mun daɗe ba ma ga-maciji da shi saboda talotalonsa. Tsuntsayen nan marasa kunya sun taɓa hawa kan leshin amarya da na shanya, suka yi abin da suka yi. Ranar na wanke shi tas a gaban matarsa, tun daga nan ko gaisuwa ba ma yi. Amma bai tsaya tambaya ba. Ya turo mashin ɗinsa ya ce, "Maman Ilham, hau! Riƙe shi da kyau."

Haka Hausarsa take, mace da namiji duk "shi" ne a wurinsa.

Ba mu yi nisa ba muka tarar da mutane cirko-cirko a bakin rafi. Ruwa ya shanye kwalbatin da ya haɗa mu da gari, ja wur, yana tafe da itatuwa da buhuna. Napep biyu sun tsaya, direbobin sun naɗe hannu. Na ce da Terfa ya shiga kawai. Ya ce, "In na shiga, mu uku za mu mutu." Na zage shi, bai kula ni ba. Ya juya kan mashin zuwa ƙaramin asibitin unguwa, mai ɗaki biyu, wanda yake jingine da masallaci.

Nas ɗaya ce a ciki, Halimat, yarinya sabuwar zuwa. Ogarta tana can hayin ruwa. Ta karɓi Ilham ta kwantar da ita ta gefe, ta buge min hannu da na zaro cokali zan cusa mata a baki. Jijjigar ta lafa, muka ɗan samu numfashi, sai ta sake dawowa. Halimat ta fasa kwalbar allura ta zuƙa a sirinji, sannan ta tsaya. Ta dubi yarinyar, ta dubi sirinjin. Ta ciro waya ta kira wani likita a gari, ta buɗe murya kowa na ji.

Likitan ya ce, "Kilo nawa ce?"

"Likita, shekararta bakwai. Na ɗauki na kilo ashirin da uku."

"Ba shekara na tambaye ki ba. Kin ce sikila ce, kin ce numfashinta sama-sama, kuma ba ku da oksijin a nan. Allurar nan in ta yi yawa numfashin ne zai tsaya gaba ɗaya. In ta yi kaɗan jijjigar ba za ta tsaya ba, kuma ba za ki iya ƙara mata nan kusa ba. Ki ɗora ta a sikeli ki gaya min."

Na juya wajen Halimat. Na ce, "Ke, ina sikelin?"

Da ƙyar ta buɗe baki. Wai surukin mai gadi ne ya ara jiya zai auna riɗi, bai dawo da shi ba, kuma gidansa yana hayin ruwa.

Riɗi! Jama'a, ku ji min. Sikelin asibiti ya tafi awon riɗi, 'yata tana mutuwa. Abin da na faɗa wa yarinyar nan a lokacin ba zai maimaitu ba, Allah ya yafe min, don ba ita ta ba da aron ba. Tana hawaye ta ce, "Anti, ba ki san kilonta ba? Ba a taɓa auna ta ba?"

An auna ta mana, bara, a babban asibiti. Wa ya riƙe? Kuma tun daga baran ta rame ta kumbura ta sake ramewa. Na ce, "Ki tambaye ni kafaɗarta, ki tambaye ni ƙirjinta da tsawon hannunta, ido a rufe zan gaya miki. Kilo kuma, doya ce ita?"

Halimat ta ɗaga ta a hannu tana ƙoƙarin kintace. Ta ce goma sha biyu. Ta sake ɗagawa ta ce ko ashirin, cikin ne ke ruɗa ta. Likita ya ce, "Kada ki kintata min a kan yarinyar da..." sai layin ya yanke. Ta sake kira, shiru. Na dubi leɓen Ilham, ya fara yin duhu.

Terfa yana tsaye a bakin ƙofa, ruwa na ɗiga daga rigarsa. Ya ce, "Sista, fiya wata ɗin can na sayarwa ne? Jaka bai buɗe ba?"

Na ce, "Ƙishirwa kake ji? Yanzu?"

Bai ko dube ni ba. Ya ɗauko jakar ruwan ledar daga lungu ya ƙirga, ƙulli ashirin. Ya ce kowane ƙulli rabin lita ne, rabin lita na ruwa kuma rabin kilo ne, jaka guda kilo goma ke nan. Ya ce in ya samu dogon katako da abin da zai ɗora shi a kai, zai fitar da nauyin yarinya. Ya taɓa bencin asibiti, mai ƙafafu ne da majingina, ya ce ba zai yi ba. Ya girgiza ƙofa, ƙarfe ce an yi mata walda da bango. Halimat ta nuna masa wani siririn katako a bayan ɗaki, ya ce in jijjiga ta tashi yarinya za ta faɗo. Sai ya fita cikin ruwan a guje.

Na durƙusa ina tofa wa Ilham duk addu'ar da ta zo bakina. Ban san daɗewar da ya yi ba. Na dai ji ƙarar ƙarfe ana jan sa a kan siminti, da muryar tsoho yana cewa, "Kai! Kai! Ajiye! Ka san abin da ka ɗauko kuwa?"

Na ɗaga kai. Makara ce a bakin ƙofa.

Makarar masallacinmu ce, ta ƙarfe, mai koren fenti, wadda ake jinginewa a ƙarƙashin rumfa. Na san ta sarai. A cikinta aka fitar da uwata. Terfa yana riƙe da kai ɗaya, Baba Ya'akubu ladan yana riƙe da ɗaya kan yana ja baya, rawaninsa ya jiƙe ya warware. Na yi kukan kura na shaƙe wuyan rigar Terfa.

"Me na yi maka? Don talotalo? Don talotalo za ka kawo wa 'yata makara tana da rai?"

"Maman Ilham, gado ne kawai. Yana da tsawo, yana da gefe, yaro ba zai faɗi ba."

"Gadon uban wa? Fitar min da ita! Wallahi ko ka fitar da ita ko in fasa maka kai!"

Shi fa bilhaƙƙi bai ga komai ba. Su a akwati suke saka mamatansu, kullum yana wuce abin nan a jingine, a idonsa ƙarfe ne miƙaƙƙe mai hannu huɗu. Matan da suka fake wa ruwa a barandar asibiti kuwa sun gani. Na ji wata ta saka salati, wata ta ɗauka. Na ga ɗaya ta kara waya a kunne tana juya baya. Ban bi ta kansu ba a lokacin.

Baba Ya'akubu ya shigo ne don ya ƙwace kayansa ya mayar. Yana cikin faɗa sai jijjiga ta sake ɗaukar Ilham, wannan karon har gadon asibitin yana motsi, kumfa na fita ta gefen bakinta. Tsohon ya saki makarar ya tsaya yana kallo. Ya juya wajen Halimat.

"'Yata, in ba a auna ba fa?"

"Baba, ko in yi mata a makance, ko in bar ta haka. Duka biyun ina tsoro."

Ya juya wajen Terfa. "Kai kuma, abin nan naka yana fitowa daidai?"

"Baba, ka san masu ga-ruwa da sanda a kafaɗa? In garwa ɗaya ya fi nauyi, sai ya matsa kafaɗa kusa da shi, sanda ya daidaita. Shi ne wannan. Nauyi sau nisa a nan, daidai da nauyi sau nisa a can. Na san nauyin ruwa. In na san nisa biyu, na san yaro."

Baba Ya'akubu ya share ruwan fuskarsa. Ya matso kusa da ni ya rage murya. "Sailuba, sakar masa riga. Ni na kai kuɗin abin nan wajen mai walda, a gabana aka haɗa ta. Ƙarfe ne. Ba ta taɓa kiran kowa ba. Ni ma gabana faɗuwa yake, ba zan ɓoye miki ba, amma ki ɗora ta."

Na ce, "Baba, uwata..."

Ya ce, "Na sani. Ni na riƙe hannun gaba."

Na saki rigar. Ba don na yarda ba, hannuna ne ya gaji.

Terfa ya kwaso bulo biyu daga waje ya jera a tsakiyar ɗaki. Aka karɓo taɓarya a gidan da ke kusa, ya gitta ta a kan bulon, shi da Baba suka ɗora makarar a kai. Ya yi ta matsar da ita kaɗan-kaɗan har ta tsaya da kanta, kai da ƙafa duk a sama, ba inda ya taɓa ƙasa. Ya ciro alli daga aljihu ya ja layi a gefen ƙarfen, daidai saitin taɓaryar. Halimat ta ɗauko zanen gado za ta shimfiɗa. Fari ne fat. Na ƙwalla ƙara na fizge shi na jefar. Na cire mayafina mai ja da ruwan goro na ba su, Terfa ya shimfiɗa shi tun daga wannan kai har wancan don kada ya rinjayi gefe.

Muka jira jijjigar ta lafa. Da ta lafa, jikin Ilham ya saki gaba ɗaya kamar tsumma. Halimat ta miƙo hannu za ta ɗauke ta, na ce kada wanda ya taɓa min 'ya. Ni na ɗauke ta. Ni da hannuna na kwantar da ita a cikin makara, kanta wajen ƙarshe, ƙafafunta wajen tsakiya. Ko rabi ba ta cika ba. Gefenta ya sauka ya daki siminti, ƙarar ta shiga har cikin haƙorana.

Terfa ya ɗora jakar ruwan a ɗaya gefen ya fara jan ta baya a hankali. Gefen Ilham ya ɗaga, ya koma, ya sake ɗagawa. Ya ƙi tsayawa. Ya duƙa ya leƙa, sai ya ga hannuna a ƙarƙashin kanta.

"Maman Ilham, sake shi."

"Ba na dannawa. Riƙewa kawai na yi."

"Hannunka yana ɓata awo. Sake shi gaba ɗaya."

Wallahi na yi niyya. Na ce wa hannuna ya fito, ya ƙi. Gani nake in na zare shi, shi ke nan na ba da ita, mutanen nan za su kama hannu huɗun su fita da ita. Ina ta cewa to, to, ina nan riƙe. Muna cikin haka jijjiga ta dawo. Makarar ta hau kaɗawa a kan taɓarya, ƙarfe na dukan ƙasa, kaf-kaf-kaf, jakar ruwa ta zame. Na kifa a kanta ina kiran sunanta. Wannan ta fi duk na baya daɗewa. Da ta sake ta, sai na ga ƙirjin bai motsa ba. Na jira. Bai motsa ba. Sai can ta ja wani numfashi mai ƙara kamar ana jan tsohon zif.

Halimat ta zagayo ta bayana. Yarinyar da na gama zagi ɗazu ta kama wuyan hannuna biyu ta ce, "Anti, ba za ta iya ɗaukar wata irin wannan ba. Ki zage ni gobe." Ta janye ni da ƙarfi ta rungume ni ta baya.

Ilham tana kwance ita kaɗai a cikin makara, ba hannun kowa a jikinta. Ban taɓa jin tsoro irin na lokacin ba, kuma ba na fatan maƙiyina ya ji. Baba Ya'akubu yana karanta wani abu ƙasa-ƙasa, na ce masa, "Baba, don Allah ka yi shiru," don kunnena jin sa yake kamar abin da ake karanta wa gawa. Ya yi shiru. Terfa ya tura jakar da yatsa biyu. Gefen Ilham ya tashi daga ƙasa. Ya yi sama, ya yi ƙasa, ya yi sama kaɗan. Ya tsaya.

Terfa ya kwanta da ciki a siminti ya duba kai da kai. Ya ce, "Ya yi! Tef! Wa yake da tef?"

Kowa ya dubi wuyana.

"Daga alli zuwa cibiyan yaro. Nauyin mutum a wajen cibiya yake taruwa. Kada ka taɓa shi, kada ka taɓa ƙarfe."

Na zare tef ɗin. Na durƙusa a gefen makara kamar yadda na sha durƙusawa a ɗakunan mutane in an kira ni awon likkafani, gwiwa ɗaya a ƙasa, tef a miƙe a saman jikin da ba ya motsi. Hannuna ya san aikin, abin da ya fi ba ni tsoro ke nan. Lambobin suna rawa a idona. Na share hawaye da kafaɗa na sake dubawa.

"Inci ashirin."

"Sake duba."

Ni da ban taɓa auna mutum sau biyu ba, ranar sai da na auna sau uku. "Ashirin."

"Yanzu daga alli zuwa tsakiyan jaka."

"Talatin."

Kafin ya buɗe baki na riga na cafke 'yata na fitar da ita daga ciki. Gefen ruwan ya faɗi ƙasa, ƙulli ɗaya ya fashe. Terfa yana rubutu da alli a kan siminti yana faɗa da ƙarfi: goma sau talatin, ɗari uku. Ɗari uku a raba ashirin. "Sha biyar! Sista, kilo sha biyar."

Halimat ta ɗaga sirinjin da ta zuƙa tun farko, na kilo ashirin da uku. Ta yi lissafinta a bayan hannu da biro, ta sake yi. Sannan ta danna, maganin ya yi tsiri ya zuba a ƙasa. Ta zubar da wajen kashi ɗaya cikin uku. Na bi ɗigon da ido a kan siminti. Saura ƙiris da duk wannan ya shiga jikin Ilham.

Ta yi bismilla ta yi mata allurar.

Daga nan sai jira. Jijjiga ta ɗan taso, yatsu suka fizga, sai ta koma. Ba ta sake dawowa ba. Amma numfashin ya yi siriri har ba na ganin ƙirjin yana ɗagawa. Na tsinko zare daga bakin zanena na riƙe a gaban hancinta. Zaren ya motsa. Ya tsaya. Ya motsa. Haka na zauna, idona a kan zare, ban san an yi azahar ba sai da na ji muryar Baba Ya'akubu a lasifika. Layi ya dawo, likita ya kira, Halimat ta gaya masa sha biyar da abin da ta bayar. Ya ce ta yi daidai, a sa ido, da zarar ruwa ya janye a kawo ta. Ya tambaya ina aka samu sikeli. Ba wanda ya amsa masa.

Wajen la'asar ruwan sama ya ɗauke. Leɓen Ilham ya fara dawowa. Makarar tana jingine a baranda inda Terfa ya fitar da ita, ba wanda ya tuna ya mayar. Na fito zan zubar da ruwan da na goge mata jiki, sai na hango mutane tafe, maza wajen shida, ba mai magana. Muntaka ne a gaba. Laka har ƙirjinsa, takalmi ƙafa ɗaya. Daga baya na ji cewa da igiya aka jawo shi ta cikin rafin, bayan an hana shi ya ƙi hanuwa. Matar nan mai waya ce ta kira shi ta ce an shigar da makara asibiti.

Ya tsaya a gaban makarar ya dube ta. Bai yi kuka ba. Fuskarsa ta bushe kamar ba tasa ba. Ya sa hannu cikin riga ya ciro baƙar leda a ƙulle, wadda ya ɗaure a cikinsa don kada ta jiƙe. Ya miƙo min.

"Na tsaya na saya a hanya. Yadi uku suka ce zai isa." Ya dube ni. "Ke za ki yanka, ko a kira wata?"

Na buɗe baki, ni Sailuba, magana ta ƙi fita. Kai kawai nake girgizawa. Shi kuma ya ɗauka kukan rashi nake, ya ce, "Yi haƙuri. Yi haƙuri, Maman Ilham." Na kama hannunsa na ja shi ciki, yana turjewa yana cewa a bari ya yi alwala tukuna.

Tana kwance ta gefe, idonta a buɗe kaɗan. Ta dube shi ta ce, "Baba, ruwa."

Ledar ta faɗi. Muntaka ya sulale ya zauna a ƙasa cikin lakarsa, kan lissafin allin Terfa, ya rufe fuska da hannu biyu ya fashe da irin kukan da ban taɓa jin namiji ya yi ba. Mazan da suka biyo shi suka cika ƙofa suna kabbara. Halimat ce ta ciro ƙulli ɗaya daga jakar nan ta fasa, ta ɗiga wa yarinyar a leɓe.

Da magariba ruwa ya janye daga kwalbati, muka shiga gari. Aka ƙara mata jini, muka yi kwanaki, muka dawo da ita a kan ƙafarta. Farin yadin, Baba Ya'akubu na ba, ya tafi da shi tare da makararsa, ban tambayi wanda aka yi wa amfani da shi ba. Talotalon Terfa kuwa har yau suna hawa min shanya. Korar su nake, amma ban ƙara kai ƙara ba. Shi ma in mun haɗu sai ya ce, "Yaya kilo sha biyar?" in ce masa ta fi ƙarfin jakarsa yanzu.

Da ƙaramar salla ta matso, Muntaka ya sayo mata atamfa. Ta kawo min da gudu, ta tsaya a gaban keken ɗinki ta buɗe hannuwa kamar yadda ta saba, tana cewa mai fuka-fukai take so. Na zare tef daga wuyana. Na auna kafaɗa lafiya. Na sauko da shi zan auna tsawo, ya zo daidai cibiyarta, sai na ji ƙarar ƙarfe a kan siminti. Hannuna ya ƙi gaba. Ta ce, "Mama, ki yi mana." Na ce ta sa takalminta.

Na riƙe hannunta muka tsallaka titi zuwa shagon Zaituna, wadda na shekara ina yi wa ɗinkinta dariya. Na ajiye atamfar na ce ta auna ta, ni kuma na fita waje na juya baya har suka gama.

Ilham tana aji biyu na sakandare yanzu, kuma har yau Zaituna ce ke mata ɗinki. Kafaɗa a karkace, hannu ɗaya ya fi ɗaya tsawo, zif yana cizo. Ina gani, ina yin shiru.